Na Ci Zakka, Na Kuma Raba Ta

A ƙasar Karaye da Rogo, in ka ambaci Malam Aminu Kano a majalisar dattawa, abin da za a fara tuno maka shi ne NEPU da PRP, da alamar makulli, da shekarar da aka soke haraji. Da wuya ka sami wanda zai ce maka ai mutumin nan marubucin wasan kwaikwayo ne. Alhali kuwa da wasa ya fara. Yana ɗalibi a Kwalejin Kaduna, wajen 1938 zuwa 1939, ko shekara 20 bai cika ba, ya rubuta wasanni irin su Kai Wane Ne a Kasuwar Kano da Ba Za a Cuce Ka Ba? da Ƙarya Fure Take Ba Ta 'Ya'ya. Sai bayan fiye da shekara 10 aka kafa NEPU a Kano, ranar 8 ga Agusta, 1950. Kafin ya tsaya a gaban taro ya faɗi abin da ake yi wa talaka, sai da ya fara tsayar da talakan a dandali, ya sa masa magana a baki, ya bar mutane su gani da idonsu.

Wasa da farko, sannan tunani, sannan maganar cikin talaka: hanyar da na bi ke nan a rayuwata, tun ban san wani ya riga ni binta ba. Ba kuma zan iya bayaninta ba sai na faɗi abin da na daɗe ina ɓoye wa har 'ya'yan cikina. Ni da zakka da sadakar mutane aka raine ni.

An haife ni a wani ƙauye tsakanin Karaye da Rogo. Mahaifina manomin dawa da gyaɗa ne, mai gona daidai ƙarfinsa. Farin 1973 ya cinye abin da ke rumbu, cutar da ta faɗa wa gyaɗa a 1975 ta kashe ɗan abin da yake samun kuɗi da shi. Amma haraji bai san fari ba. Da an ɗauke amfanin gona sai mai unguwa ya fara zagaye, wanda bai biya ba a kira shi ƙofar fada. Na ga magidanta masu furfura zaune a rana, an hana su inuwa, har sai wani nasu ya kawo kuɗi. Wasu tun kafin a zo kansu suke saɓa buhu su tafi cin rani. Shekarar da abin ya zo kan Baba, akuyar Inna aka ja zuwa kasuwa. Ya dawo da takardar shaidar biya, ya soke ta a jikin azara, bai yi magana da kowa ba har aka yi sallar isha'i. Bai daɗe bayan wannan ba ya kwanta ciwo, Allah ya karɓi abinsa, ya bar Inna da mu ƙanana.

Daga nan na san masu bayarwa iri biyu ne, kuma har yau da su nake auna duk wani shiri da aka ce na taimakon talaka ne.

Na farko maƙwabcinmu ne, muna ce masa Kawu ko da yake ba mu haɗa jini ba. Shi ma ba wani mai ƙarfi ba ne. In ya gama ɗaurin dawa sai ya ƙirga, duk dami goma ya ware ɗaya, kamar yadda shari'a ta ɗora wa wanda ya yi noma da ruwan sama. Bayan isha'i, gari ya yi shiru, sai mu ji sallamarsa a bakin zana. Ba ya shigowa. Yakan ce, "Yaya, ga haƙƙin yaran nan, a sa a rumbu." Inna ta ce, "Allah ya saka da alheri, Malam." Ya ce, "A'a, ni aka sauke wa nauyi." Ya juya. Da safe in mun haɗu a masallaci, gaisuwar da yake yi wa 'ya'yan kowa ita yake yi mini, ba ƙari ba ragi.

Na biyu attajiri ne daga wani gari, yakan zo da azumi ya raba gero. Mudunsa ya fi na kowa cika, wannan gaskiya ce, kuma ina roƙa masa rahama. Amma a fili ake rabon, bayan an sauko daga Juma'a, ga maroƙi yana ɗaga murya: "Ina marayun wane? Su matso!" Ni Inna take turawa da ƙwarya. Na shiga firamare a 1976, shekarar da aka fara ilimi kyauta ga kowa, saboda haka duk 'yan ajinmu suna wurin suna kallo. Ran nan na ce mata ba zan je ba. Ta dube ni ta ce, "Je ka karɓo, ɗan nan. Ƙannenka ba su san kunya ba, yunwa suka sani." Na je. Na durƙusa, aka zuba mini, maroƙi ya sa ni in ɗaga murya in yi godiya yadda na baya za su ji. Geron ya kai mu sallah. Sunan da yara suka laƙaba mini a makaranta kuwa ya kai ni har ƙarshen firamare.

Ga abin da ya fi tsaya mini a rai. A cikin wannan azumin dai, da an kwana goma, muke fita tashe, kuma ni ake sa wa gemun auduga da tsumma da sanda in zama tsoho a wasan Tsoho da Gemu. Gida gida muke bi, ina tafiya da ƙyar ina tari, 'yan amshi suna roƙa mini taimako. Bara ce tsantsa, amma ban taɓa jin ɗigon kunya ba. Mata su yi dariya, su ɗebo hatsi su zuba mana, wata ma ta ce, "Allah sarki, tsoho, Allah ya ba mu masu jin ƙanmu." A cikin wasan, duk garin ya yarda cewa wanda ƙarfinsa ya ƙare yana da rabo a rumbun kowa, kuma kowa ya san wata rana shi ne tsohon. A filin Juma'a kuwa an raba mu gida biyu, masu bayarwa a tsaye, masu karɓa a durƙushe.

Haka kalankuwa take bayan kaka a wancan zamanin. Samari su naɗa gwamnansu da alƙalinsu da ɗan dokansu, a kafa kotu, a kamo wanda bai biya haraji ba, a yi ta kwaikwayon yadda ake zare masa ido, ana kiɗa ana amshi. Masu karɓar harajin na gaskiya suna zaune a gefe suna kallo, ba yadda za su yi. Nan ne kaɗai na ga an faɗi abin da aka yi wa Baba a bainar jama'a ba tare da an kama kowa ba.

Shi ya sa da na je kwalejin horon malamai na karanta labarin irin wasan da Turawa ke kira opera, wanda ake rera shi da waƙa tun daga farko har ƙarshe, ban ji shi baƙo ba. Su suna da manyan ɗakuna da ɗimbin makaɗa, mu muna da dandali da kalangu da 'yan amshi, amma aikin ɗaya ne: a ɗora labari a kan waƙa don ya shiga inda wa'azi ba ya shiga. Hukuma ma ta san haka. Hubert Ogunde, wanda ya shahara da irin wannan wasa na waƙa a ƙasar Yarbawa, ya shirya Bread and Bullet a kan ma'aikatan haƙar kwal 21 da 'yan sandan mulkin mallaka suka harbe a Inugu a watan Nuwamba na 1949. Da ya kawo wasan Kano a 1951, hana shi nunawa aka yi. Ba wanda ke hana abin da bai ji tsoronsa ba.

A kwalejin ne kuma na ci karo da labarin Bernard Shaw, mutumin Ailan da ya zauna a Landan. Shekaru ya yi yana rubuta sharhin kiɗa da opera a jaridu. A 1898 ya fitar da littafi a kan wasannin Wagner na Jamus, ya ce a ƙarƙashin tatsuniyar alloli da dodanni da zoben zinariya, labarin masu jari ne da leburorinsu. Shi ne kuma ya rubuta wasannin da suka kai shi ga lambar Nobel ta 1925, sannan a 1928 ya rubuta ƙaton littafi yana kare ra'ayin cewa a daidaita abin da kowa ke samu. Ban yarda da duk abin da ya faɗa ba, wasu ra'ayoyinsa ma ƙyama suke ba ni. Abin da ya kama ni shi ne, wannan mai sharhin waƙa ya yi shekaru yana kansila a unguwar St Pancras, yana faɗa a kan magudanar ruwa da samar wa mata banɗakin jama'a. Bai ga waƙa ta fi ƙarfin maganar kwata ba.

Malam Aminu ya isa Landan a 1946 don karatun koyarwa, ya tarar da ƙasar da yaƙi ya ragargaza tana gina tsarin kula da marasa ƙarfi. Rahoton Beveridge, wanda ya shimfiɗa wannan tsarin, ya fito tun 1942. A shekarar da Malam Aminu ya sauka aka zartar da dokar inshorar ƙasa da dokar kiwon lafiya kyauta, wadda ta fara aiki a watan Yulin 1948. Ya ga ƙasar da ke karɓar harajin manomin Karaye tana gaya wa nata talakan cewa magani haƙƙinsa ne. Amma kuskure ne a ce daga Ingila ya ɗebo tunaninsa. Ɗan gidan malamai ne, mahaifinsa Malam Yusufu mufti ne a kotun alƙalin Kano, kuma ya san abin da shugabannin jihadi suka bari a rubuce. Shehu Usmanu a Kitabul Farƙi ya lissafa jangali da kuɗin gari da gaisuwar da ake kai wa masu mulki cikin alamomin mulkin zalunci. Abdullahin Gwandu a nan Kano ya rubuta Liya'ul Hukkami, ya shimfiɗa wa masu mulki iyakokinsu. Muhammadu Bello a Usulus Siyasa ya ɗora wa shugaba nauyin raya sana'o'i da kasuwanni da hanyoyi don jama'a su sami abin rufin asiri. Malam Aminu da amininsa Sa'adu Zungur, tun suna tare a Bauci, madubin nan suka ɗauko suka haska wa masu riƙe da En'e, suka ce ga abin da kakanninku suka rubuta, ga abin da kuke yi.

Littattafansa da suka zo hannuna ba su da kauri. Motsi Ya Fi Zama labarin tafiyarsa ne. Akwai tarihin rayuwar Sa'adu Zungur da ya rubuta, akwai Hikayoyin Kaifafa Zukata, sai tafsirinsa na azumi da muka riƙa ji a kaset. Wanda ya zo neman manyan kalmomin falsafa ba zai same su ba. Hausa ce miƙaƙƙiya, ta malamin aji da ya saba duba fuskar yara ya gane ko sun fahimta. Amma tambaya ɗaya ce ke yawo a cikinsu duka, ita ce kuma tambayar da ta hana ni barci tun ina yaro da ƙwarya a hannu: abin da ake bai wa talaka, alfarma ce ko haƙƙi? In alfarma ce, dole ya durƙusa, ya yi godiya da ƙarfi, ya kuma yi shiru gobe in an taka shi. In haƙƙi ne, a tsaye zai karɓa, in bai zo ba ya tambayi dalili. Kawu bai taɓa karanta boko ba, amma amsar da ya bayar a bakin zana ita ce amsar Malam Aminu, ita ce kuma amsar Alƙur'ani, wanda ya ƙayyade kashi 8 na masu cin zakka a Suratut Tauba, ya kuma yi gargaɗi a Baƙara cewa gori yana ɓata sadaka.

A watan Oktoban 1979 Muhammadu Abubakar Rimi ya hau mulkin Kano a ƙarƙashin PRP, ya soke haraji da jangali. A rediyon wani mai shayi muka ji. Dattawa suka yi ta maimaita tambaya, wai har abada ko na bana kaɗai? Inna ba ta ce komai ba, sai ta tashi ta ciro takardar nan da Baba ya soke a azara, ta ninke ta ta sa a cikin adudunta. Ba a ba kowa ko ƙwayar gero ba ran nan. Hannu kawai aka cire daga aljihun talaka, amma ban taɓa ganin wani rabo da ya faranta ran ƙauyenmu kamar wannan ba. A 1980 aka kafa hukumar ilimin manya ta jiha, aka buɗe ajin yaƙi da jahilci har a garinmu, Inna ta shiga. Ranar da ta rubuta sunanta da hannunta, ta ce mini, "Yanzu in an ce na karɓa, sai na ga inda na sa hannu." Malam Aminu ya rasu ranar 17 ga Afrilu, 1983. Mutanen ƙauyenmu da ba su taɓa ganinsa ba suka zauna karɓar gaisuwa a ƙofar masallaci.

Na zama malamin makaranta, na riƙe ƙungiyar wasan kwaikwayo shekaru masu yawa. Duk yaron da na bai wa rawar da zai taka, sai na tsare shi da tambayoyi. Wannan bazawarar da za ki fito a matsayinta, me ta ci jiya da dare? Wa take bi bashi, wa ke binta? Me take ɓoye wa maƙwabta? In yaro bai san amsa ba, tsayawa kawai zai yi yana haddar magana. In ya sani, ko bai buɗe baki ba 'yan kallo za su gane. Ban taɓa zaton wannan horon zai yi mini amfani a wajen makaranta ba, sai da wata shekara mai tsanani wasu masu hali 'yan asalin yankinmu suka aiko da hatsi, aka sa ni magatakardan kwamitin rabo.

Tun kafin buhuna su sauka zaurena ya cika. Kowa da takardarsa, kowa da wanda ya aiko shi. "Malam, a taimaka a sa sunan ƙanina." "Malam, ai ka san halin da ake ciki." Ba ƙarya suke yi ba, kowa na cikin matsi. Amma da na duba fuskokin, sai na ga duk masu iya magana ne, masu takalmin zuwa. Irin su Inna ba sa cikinsu. Mai takaba ba ta fita. Tsohon da 'ya'yansa suka tafi Legas ko Fatakwal suka yi shiru ba zai iya takowa ba. Magidancin da jiya shi ke ba wasu, bana ya karye, ya gwammace ya kwana da yunwa da a gan shi a layi. Fulanin da ke rugar bayan gari, waɗanda shanunsu suka ƙare, ba wanda ya ma tuna da su. Sai na koma ga tambayoyin da nake yi wa 'yan wasa: wa bai ɗora tukunya jiya ba, kuma wa zai sani?

Maza ba su sani ba. Ungozoma ta sani, domin ita ke shiga kowane ɗaki. Mai nika ya sani, domin yana ganin gidan da ya daina aiko da hatsi. 'Yan mata masu tallan tuwo da ƙosai sun sani, ladan ya san wanda ya daina fitowa asuba. Da su muka rubuta sunaye. Na kuma roƙi kwamiti a bar maganar tara mutane a fili, a kai wa kowa gida bayan magariba. An yi gardama sosai. Wakilin masu kayan ya ce, "Malam, in ba a ɗauki hoto ba, ta yaya su Alhaji za su san kaya sun isa?" Tambayarsa tana kan hanya, domin an sha cin amanar masu bayarwa. Na ce a ɗauki hoton buhuna, a ɗauki hoton littafin da kowa ya dangwala, a aiko da wanda suka amince da shi ya bi mu gida gida. Ya ce zai gwada da hoto ko gida ɗaya ne. Gidan farko wata tsohuwa ce. Da ta ga an ɗaga waya, sai ta ja mayafi ta rufe fuska ta ce, "Ɗan nan, in sai an ɗauke ni, ku mayar da abinku. Allah yana nan." Ya sauke wayar, bai sake ɗaga ta ba har muka gama. Mutumin kirki ne. Bai taɓa tsayawa ta wancan gefen ba ne kawai.

Ba sabon abu muka ƙirƙiro ba. Zarewa tana nan cikin ƙaramar hukumar Rogo, kuma a Karo da ke kusa da ita aka haifi Baba, tsohuwar da ta ba Mary Smith labarin rayuwarta a 1949 zuwa 1950, aka buga shi a Landan a 1954. Baba ba ta taɓa haihuwa ba, amma ba ta tsufa ita kaɗai ba, domin 'ya'yan dangi aka ba ta ta riƙa, ta aurar da su. Riƙo da gandu da gayya da biki da adashi su ne suka riƙe marasa ƙarfi a ƙasar nan kafin a san wata ma'aikata. Ba na cewa zamanin ya fi namu. Zamanin bayi ne da hare-hare, ita kanta ta ba da labarinsu. Ina dai cewa mutanen sun san yadda ake taimakon mutum ba tare da an tuɓe masa riga a kasuwa ba. Yanzu gandu ya watse, gonaki sun tsattsage wajen rabon gado, samari sun koma acaba a birni. Dole hukuma ta shigo. Amma ta shigo da ladabin da ta tarar.

Tun daga 2016 an ga shirye-shirye iri iri daga gwamnatin tarayya: ciyar da 'yan firamare, Naira 5,000 a wata ga gidaje marasa ƙarfi, ƙananan rance ga 'yan tireda. Bayan cire tallafin mai a ranar 29 ga Mayu, 2023, aka zo da maganar Naira 25,000 a wata har wata uku. Ba na cikin masu raina irin wannan kuɗi. Wanda bai taɓa kwana da yunwa ba ne yake cewa dubu biyar ba komai ba ce. Na ga yaran da kwanon abincin makaranta ne ya dawo da su aji. Amma ga abin da nake gani a ƙasarmu kowace shekara. Manomi ya ci bashin taki da damina. Da kaka, lokacin da masara ta fi arha, masu bashi suka tsaya masa a ka, ya sayar. Da marka, lokacin da ta fi tsada, ya koma kasuwa ya sayi wadda ya noma da hannunsa. Matarsa ta tashi haihuwa da dare, kuɗin mota da na magani su cinye tunkiya. Madatsar ruwa ta Challawa tana nan a ƙasar Karaye tun 1992, ruwa shimfiɗe iya ganinka, amma wanda ba shi da injin ban ruwa da kuɗin mai, kallo ne nasa. Duk wanda ya ba wannan mutum dubu ashirin da biyar ya bar waɗannan ramukan a buɗe, ya zuba ruwa ne a kwando. Darasin 1979 shi ne a fara duba inda ake zare masa, kafin a yi maganar abin da za a miƙa masa. Malam Aminu ya riƙe ma'aikatar lafiya ta tarayya daga 1971 zuwa 1974, ya san asibiti da makaranta su ne tallafin da ba ya buƙatar kowa ya durƙusa.

Abin da ke damuna shi ne yadda muka raba mutumin gida uku muka ɗauki ɗaya. Sunansa yana kan filin jirgin sama da asibitin koyarwa da kwaleji a Kano, kowace jam'iyya tana jingina da shi in zaɓe ya zo. An ɗauki ɗan siyasar, an bar mai tunanin, an manta da mai wasan. Ni kuwa a ganina mai wasan ne ya haifi sauran biyun. Wanda ya taɓa zama ya rubuta abin da baƙauye zai ce lokacin da ake cutarsa a awo a kasuwar birni, dole ya shiga rigar baƙauyen, ya ji yadda ƙirjinsa ke bugawa. In irin wannan mutum ya zo tsara yadda za a taimaki jama'a, ba zai fara da maroƙi da layi ba. Yawancin masu tsara mana shirye-shirye yau sun iya lissafi, kuma ana buƙatar lissafi. Abin da suka rasa shi ne wannan shiga rigar. A makarantunmu kuma an bar wasan kwaikwayo ya mutu, ana ganin ɓata lokaci ne, tashe ma yana ja da baya a garuruwa da dama. Muna rufe ajin da ake koyon tausayi mai mutunci, sannan muna mamakin yadda ake jefa wa mutane taliya daga kan mota.

An ɗaga Karaye ta zama masarauta a 2019, aka rushe a 2024, aka kuma dawo da ita a shekarar a matsayin mai daraja ta biyu, da ƙananan hukumomin Karaye da Rogo a ƙarƙashinta. Ina roƙon masarautar, Allah ya ja zamanin Sarki, ta duba abin da masarautar Dutse ta daɗe tana yi na tattara zakkar hatsi ta hannun hakimai da dagatai da limamai. Ƙasarmu ƙasar noma ce, masara da dawa da rake da shinkafa. In aka fitar da ɗaya cikin goma na noman damina, da ɗaya cikin ashirin na noman inji, aka sa mata a cikin masu rubuta sunaye, aka kai wa kowa gidansa, marayu da yawa ba za su san layi ba. Hanyar da a da ake bi a karɓo haraji daga kowane gida, ita ce za a bi a mayar wa kowane gida haƙƙinsa.

'Yan'uwana malaman makaranta a Karaye da Rogo, ku dawo da wasan kwaikwayo ko da sau ɗaya ne a zango, ku bar yara su rubuta abin da suke gani a gidajensu. Wasannin Malam Aminu kuwa yawancinsu ba su kai ga maɗaba'a ba. Gidansa na Mumbayya da ke Gwammaja yana hannun Jami'ar Bayero, cibiyar bincike ce yanzu. Duk wanda ya gaji wata tsohuwar takarda ta waɗannan wasanni, ko yake da dattijon da ya taɓa gani ko ya ji yadda aka yi su, ya taimaka ya kai can a rubuta tun masu tunawa suna raye.